Hajiya, Ki Bar Surukinki Ya Biya Kuɗin Jagoran Nan

TAMBAYA: Assalamu alaikum. Malam, 'yata ce ta haihu a Osaka ta ƙasar Japan inda mijinta yake aiki, zan je zaman jego a watan Nuwamba in Allah ya yarda. Surukina ya ce kafin in dawo sai ya kai ni Kyoto, har ya nemo wani ɗan jagora da za a biya ya zaga da mu tsofaffin wuraren bautarsu, kuma wai a ƙafa. Ni abu uku ke damuna. Gwiwoyina ba kamar da ba. Ba na so a kai ni inda za a ce in rusuna wa gunki. Sannan ina ganin ɓarnar kuɗi ce, tunda yaron nan yana da waya mai nuna hanya. Me ka gani?

Daga wata kaka, mai karanta wannan fili

AMSA: Wa alaikumus salam Hajiya. Barka da arziki, Allah ya raya, ya ƙara wa mai jego lafiya.

Bari in fara da maganar kuɗin, don a nan ne ban yarda da ke ba. Waya za ta kai ku ƙofar kowane gini, wannan gaskiya ne, amma ba za ta gaya miki abin da kike kallo ba. Kyoto ta yi fiye da shekara dubu tana fadar sarkin Japan, daga 794 har zuwa 1868. Ana ƙiyasta wuraren bautar addinin Buda a cikinta sun kai 1,600, na addinin Shinto kuma 400, kuma a 1994 hukumar UNESCO ta sa wurare 17 na birnin da kewayensa cikin kayan tarihin duniya. Wanda ya shiga shi kaɗai, daga ya leƙa gini na uku sai komai ya zama iri ɗaya a idonsa: baƙin katako, rufi mai lanƙwasa, hayaƙin turare, sai cincirindon mutane. Baƙo makaho ne ko da yana da ido. Na sha ganin masu zagaye da waya a hannu, sun gaji tilis, sun cika ta da hotuna, amma ka tambaye su wane ne na Buda wane ne na Shinto sai su yi shiru.

Jagora na kirki cikin minti goma zai raba miki su. Inda kika ga ƙofa tsirara, ginshiƙi biyu da katako biyu a gicciye a sama, sau da yawa an shafe ta da jan fenti, to wurin Shinto ne, addinin gargajiyar ƙasar. A can da wuya ki ga gunki a fili, sai igiyar kara mai kauri da fararen takardu a rataye. Inda kuwa kika ga babbar ƙofa mai rufi, da mutum-mutumi biyu masu zare ido a dama da hagu, da ƙararrawa da kaskon turaren wuta, wannan na Buda ne, addinin da ya shigo musu ta Koriya a ƙarni na 6. Ɗaruruwan shekaru addinan biyu suna cakuɗe, sai a 1868 gwamnati ta raba su da doka. Shi ya sa har yau za ki tarar da ƙaramin wurin Shinto a tsakiyar harabar haikalin Buda, ki rasa gane ko na wane ne.

Yanzu maganar da ta fi damunki. Fatawa dai ta malamai ce, ki tuntuɓi naki kafin tafiya. Abin da zan iya gaya miki shi ne yadda abin yake a can. Babu mai tsare ki a ƙofa ya ce sai kin yi wani abu. Mafi yawan waɗanda za ki gani 'yan kallo ne, har da Japanawan kansu, da yaran makaranta da ake kawowa rukuni-rukuni. Masu ibada kuma ga yadda suke yi a wurin Shinto: mutum ya tsaya a kwamin ruwa da ke bakin shiga, ya ɗauki ludayi mai doguwar mariƙa, ya wanke hannun hagu, ya wanke na dama, ya kurkure baki. Ya ƙarasa gaban ɗakin, ya jefa kwabo a wani akwatin katako, ya girgiza igiyar ƙararrawa, ya sunkuya sau biyu, ya tafa sau biyu, ya sake sunkuyawa sau ɗaya. Duka bai wuce minti ɗaya ba. Ke kina gefe a tsaye, ba wanda zai ko kalle ki.

Inda za ki sa ido shi ne wajen jagoran. Galibinsu sun saba da baƙi masu son a ce su gwada, don haka da fara'arsa zai miƙo miki ludayi, ko ya nuna miki akwatin da ake girgizawa a zaro takardar duba, ko ya ja ku rumfar da ake sayar da layu na sa'a, na cin jarrabawa, na tsari daga haɗarin mota. A haikalin Buda na Kiyomizu-dera akwai ruwa mai zubowa ta bakin dutse uku, mutane na bin layi su tara su sha don neman tsawon rai ko nasara a karatu ko dacen masoyi. Ba mugunta ba ce, a wurinsa karramawa ce. Maganinta surukinki ya rubuta masa tun kafin ranar, cewa mu Musulmi ne, kallo da jin tarihi muka zo, ba za mu yi ibada ko duba ba. Bajapane in ka gaya masa abu a fili tun da wuri yana kiyayewa, abin da ba ya so shi ne a ba shi kunya a gaban mutane. Ki lura ma, wannan wata riba ce ta jagora: shi ne zai ce miki wannan ado ne, wancan kuma ibada ce. Wanda ba shi da jagora shi ya fi saurin bin layin da bai san na mene ne ba.

Jagoran kansa zai sunkuyo ya gaishe ki, haka suke gaisawa, har mai sayar da tikiti. Ki ɗora hannu a ƙirji ki yi murmushi, ya wadatar. Hijabinki ba wanda zai ce ki cire, mata daga Malesiya da Indonesiya sun riga sun saba musu da shi. Abin da za a nema daga gare ki kaɗan ne: cire takalmi kafin hawa daɓen katako ko tabarma, sassauta murya, da barin hoto inda aka hana. Ki sa safa mai kauri, katakon nan a Nuwamba sanyi gare shi, ki kuma zaɓi takalmin da ba sai kin durƙusa kin ɗaure igiya ba.

In ma ba kya son shiga ɗakunan gumakan sam, ba ki yi asarar da yawa ba, don rabin kyan wuraren a waje yake, cikin lambuna da aikin kafintoci. Wuri ɗaya ne zan ce ki sa a cire daga tsarin in ranki bai kwanta ba: Sanjusangen-do, zaure ne mai tsawon kusan mita 120 da aka jera mutum-mutumi 1,001 masu ruwan zinariya, ba abin kallo a ciki sai su.

Sai gwiwa. Nan ne yawancin masu shirya zagayen nan suke cutar dattawa ba da saninsu ba. Hanyar da aka fi bi tana gabashin birnin, unguwar Higashiyama, kuma a jikin tudu take. Da yawa daga masu zagayen rukuni suna haɗuwa a ƙasa, wajen unguwar Giyon, su yi ta hawa har Kiyomizu-dera. Ku ku juya ta. Ku ɗauki tasi ya kai ku iyakar inda mota take zuwa a saman, ku fara da Kiyomizu da sassafe (ƙarfe 6 ake buɗewa, kuɗin shiga yen 500, wato kuɗin Japan), sannan ku gangaro. A harabar akwai hanyar da aka gyara domin masu keken guragu, wadda ta kauce wa matakala, ki ce jagoran ya bi da ku ta nan.

Ki tsaya a barandar nan tasu ki huta, ba gaggawa. An kafa haikalin a 778, amma ginin da za ki taka na 1633 ne. Barandar ta fito daga jikin tudun, tsayin mita 13 daga ƙasa, a kan manyan ginshiƙan itace da aka sarƙe da juna ba ƙusa ko ɗaya. In kun zagayo ta ƙasa ki ɗaga kai ki ga yadda aka huda kowane ginshiƙi aka zura wani ta cikinsa aka danna masa 'yar tsinke ta katako. Wannan aikin ni ya fi burge ni a kan duk zinariyar garin. A zamanin da har tsalle mutane suke yi daga saman, da imanin wanda ya rayu buƙatarsa za ta biya, sai da hukuma ta hana a 1872.

Daga nan sai gangaren Sannenzaka da Ninenzaka, lungunan dutse masu tsofaffin shagunan katako. Akwai matakala, amma sauka ce, ki riƙe hannun surukin naki ko sanda, musamman in an yi ruwa don dutsen yana santsi. Za ku wuce hasumiyar Yasaka mai hawa biyar, ku faɗa lambun Maruyama inda akwai wurin zama, ku fita ta wurin bautar Yasaka zuwa Giyon. Tafiyar ba ta fi kilomita biyu da 'yan kai ba. Da tsaye-tsaye da shan shayi, awa uku zuwa huɗu. Wannan ya ishe ki a yini guda.

Surukinki zai ce sai kun je Fushimi Inari, wurin Shinto mai dubban jajayen ƙofofin nan da ake gani a hotuna. Ku je, amma wata rana daban, kuma can ba kwa buƙatar jagora: kyauta ne, ba a rufewa, minti biyar a jirgin ƙasa daga tashar Kyoto. Dutsen mita 233 ne, hawa da sauka kan ci awa biyu zuwa uku, kada ki yarda a ja ki. Layin ƙofofin da ya fi kyau yana ƙasa-ƙasa, tafiyar minti goma sha biyar ta kai ki. In kin juyo za ki ga rubutu baƙi a bayan kowace ƙofa, sunan kamfani ko mutumin da ya biya aka kafa ta ne, da ranar, domin 'yan kasuwa ne suka fi riƙe wurin. Haikalin Kinkaku-ji kuwa, wanda aka lulluɓe jikinsa da zinariya, yana can arewa maso yamma, ba tafiyar ƙafa ba ce daga Higashiyama. Duk jagoran da ya ce zai haɗa muku ukun nan a rabin yini, a bas za ku ƙare.

Nuwamba lokacin da ganye ke rikiɗewa ja ne, daga tsakiyar wata zuwa ƙarshensa, kuma garin yana cika maƙil. Ku guji Asabar da Lahadi. Rana gajera ce: azahar na shiga kafin sha biyu, magariba kafin biyar, yawancin wuraren ma huɗu zuwa biyar suke rufewa. In kun fara da safe kun gama kafin la'asar. Akwai ƙaramin masallaci kusa da tsohuwar fadar sarki, ku sa shi cikin tsarin tun farko. Alƙibla a can yamma take, ta ɗan karkata arewa. Abincin rana kuma kada a bar wa jagora shi kaɗai ya zaɓa, don romon taliyarsu sau da yawa na alade ne, kuma suna zuba wata giyar shinkafa mai zaƙi da ake kira mirin a miya. Akwai gidajen abincin halal a Giyon da kewayen tashar jirgi.

Wane jagora? Tunda akwai gwiwa a maganar, na ku kaɗai, ba na rukuni ba. Ya fi tsada nesa, amma rukunin mutum ashirin ba ya jiran kowa. Tun 2018 doka ta bar kowa ya yi jagora ya karɓi kuɗi ko ba shi da lasisi, saboda haka surukinki ya tambaya ko yana da shaidar gwamnatin ƙasa ko ta birnin Kyoto, ya kuma ji ko kuɗin shiga da na mota suna cikin farashin. Ku riƙe tsabar kuɗi, ba kowace ƙofa ke karɓar kati ba. Ba a ba da tukuici a Japan, sai fa masu zagayen da ake tallatawa da sunan kyauta, su da shi suke ci. Ki sa leda a jaka, kwandon shara wuya gare shi a titi.

Ki bar yaron nan ya biya, Hajiya. So yake ya fita kunyarki.

TAMBAYA: Yaya, na ga wani kamfani yana tallar zagayen dare a Giyon, wai za a ga geisha, matan nan masu rawa da kiɗan gargajiya, a ɗauki hoto da su. In biya?

Daga wani ƙanenka ɗalibi

AMSA: Ƙanena, ka biya in tarihin unguwar kake so, da daddare tana da kyau. Amma alƙawarin hoton nan kada ka ɗora kuɗinka a kansa. Matan nan ba don kallo aka ajiye su ba, hanyar aiki suke, daga gida zuwa inda aka gayyace su, kuma sauri suke yi. Baƙi sun matsa musu, ana tare musu hanya ana jan rigarsu, har a 2019 mutanen unguwar suka kafa alluna na hana hoto a lungunan da ba na gwamnati ba, da tarar yen 10,000. A 2024 suka fara hana 'yan yawon buɗe ido shiga wasu lungunan gaba ɗaya. Babban titin Hanamikoji yana nan a buɗe. In ta gifta ka matsa gefe ka ba ta hanya. In rawarsu kake son gani da kyau, ka sayi tikitin wasan da suke yi a dandali, mafi shahara shi ne Miyako Odori da ake yi duk watan Afrilu.