Keken da ya daki ɗorawa a tsakiyar gona: wace lamba ce tasa?

Tambaya

Assalamu alaikum Baba. Ni ɗaliba ce a fannin adana bayanan marasa lafiya, yanzu ina sanin makamar aiki a wani asibiti a jihar Jigawa. Makon jiya aka kawo mana wani manomi da ƙaninsa. Sun ɗebo buhunan riɗi a keke mai inji mai ƙafa uku, irin na dakon kaya, suna ratsawa ta cikin gonarsu burki ya ƙi ci, suka daki bishiyar ɗorawa. Matuƙin ya karye a ƙwauri, ƙanin da ke zaune a kan buhuna a baya ya karye kusa da wuyan hannu. Da na ga ba a kan titi abin ya faru ba, sai na sa musu V86 a fayil, a matsayin lambar da ke nuna irin hatsarin. Shugabar sashenmu ta soke da jan biro, ta ce in je in sake karatu. Kuma littafin da na samu a intanet lambobinsa dogaye ne, irin su V86.55XA, sun sha bamban da namu. Don Allah ina na kuskure?

Wata ɗaliba, daga Jigawa

Amsa

Wa alaikumus salam, 'yata. Allah ya ba su lafiya. Shugabarki ta yi daidai da ta soke, ko da yake da ni ne da na ja miki kujera mun duba tare. Ni ma an yi mini jan biro a kan irin wannan tun ina saurayi, ban manta ba.

Abin da ya ruɗe ki shi ne kin haɗa tambayoyi biyu kin mai da su ɗaya. Kundin ICD-10 na Hukumar Lafiya ta Duniya, wanda ke ba kowace cuta, rauni da sanadinsa lamba, yana fara tambaya ne: wane irin abin hawa ne, kuma don me aka ƙera shi? Sai bayan an gama da wannan yake tambayar inda hatsarin ya faru. V86 gida ne na ababen hawan da aka ƙera musamman don ratsa daji, yashi, laka ko ƙanƙara, wasunsu masu tayoyi ɓul-ɓul marasa iska da yawa. Keken manomin nan kuwa, uwarsu ɗaya da adaidaita sahu, don titi aka yi shi. Shigarsa gona ba ta sauya masa dangi, kamar yadda jaki ba ya zama raƙumi don ya taka rairayi. Gidansa shi ne V30 zuwa V39, rukunin waɗanda suka ji rauni a cikin mota mai ƙafa uku. In kin buɗe kan wannan rukuni za ki ga an rubuta ɓaro-ɓaro cewa an cire babur mai akwati a gefe, an kuma cire abin hawan daji, an tura shi V86.

A cikin rukunin, lamba ta biyu tana gaya miki abin da aka yi karo da shi. V30 mutum ne a ƙafa ko dabba, V32 babur ko wani keken mai inji, V33 ƙaramar mota ko a-kori-kura, V34 babbar mota ko bas, V37 abin da yake a kafe, kamar bishiya, katanga ko turken lantarki. V38 kuma kifewa ce ba tare da an daki komai ba, wadda ita ce cutar keke in an yi masa lodi ya sha kwana da gudu. Ɗorawa dai ba ta motsa daga inda take ba, saboda haka V37.

Lambar da ke bayan ɗigo ita ce mai ɗauke da wurin da kuma matsayin mutumin. A wajen hanyar jama'a, 0 matuƙi, 1 fasinja, 2 wanda ya maƙale a jikin abin hawa. A kan hanya kuwa 5, 6 da 7 ne bisa wannan jeri. Manomin ki V37.0 ke nan. Ƙanin fa? Da yawa za su yi gaggawar sa masa 2, wai ai ba a kujera yake ba. Amma kundin ya ce wanda ke waje shi ne wanda ba ya wurin matuƙi, ba ya wurin fasinja, ba ya kuma wurin da aka tanada don kaya: mai lilo a gefe, mai tsaye a matakala, mai hawa rufi. Wanda ya zauna a kan buhu cikin bodi yana wurin kaya, fasinja ne, V37.1.

Sai dai kafin ki rubuta, koma ɗakin maza ki gaishe su, ki tambayi matuƙin daga ina keken ya ƙwace masa. Nan ne nake so ki tsaya da kyau. Hanyar jama'a a wurin wannan kundi ba sai mai kwalta ba. Duk filin da jama'a ke bi da kansu ko da kayansu, bisa doka ko bisa al'ada, hanya ce. Turbar da ke haɗa ƙauye da kasuwa hanya ce ko da greda ba ta taɓa bi ta kanta ba. Kuma in hatsarin ya faro daga hanya ya ƙare a gona, ko ya faro a gona ya ƙare a hanya, na hanya ne. To in ya ce miki a kan turba burkin ya tsinke, keken ya gangara cikin gona ya sami ɗorawar, lambobin sun koma V37.5 da V37.6. Mutanenmu kan ce "a gona ne" alhali suna nufin a hanyar gona, shi ya sa ba na yarda da abin da aka rubuta a kati a guje cikin dare.

Akwai wani tarko da na ga ya kama manya. A V86 an juya jerin: 0 matuƙi ne a kan hanya, 5 kuma matuƙi a wajen hanya, kishiyar abin da ke V30 zuwa V38. Mai rubutu da ka, ba ya buɗe littafi, nan yake faɗawa. Haka nan in fayil bai faɗi wurin ba sam, ƙa'ida ta ce a ɗauka hatsarin keke a kan hanya ya faru, na V86 kuma a wajen hanya.

Dogayen lambobin da kika gani na Amurka ne. Su suna aiki da nasu bugun mai suna ICD-10-CM tun 1 ga Oktoba 2015, kuma harafin ƙarshe yana nuna matakin jinya: A lokacin da ake tsakiyar maganin raunin, D zuwan bibiya bayan nan, S kuma larurar da raunin ya bari. V86.55XA ɗin nan na matuƙin babur ɗin daji ne mai ƙafa uku ko huɗu da ya ji rauni a wajen hanya. Suna da dalilinsu na ware masa lamba. Kamfanin Honda ya fito da irinsa mai ƙafa uku a 1970, ya karɓu sosai wurin matasa da manoma, amma yawan kifewarsa da asarar rayuka suka sa a 1988 aka yi yarjejeniya da gwamnati kamfanoni suka daina sayar da sababbi a ƙasar. Ni a duk zamana a ofis ban taɓa buɗe fayil ɗin wanda irinsa ya kayar ba. Ki bi bugun da asibitinku yake aiki da shi, kada ki gauraya.

Kada kuma ki manta lambar V ba ta tafiya ita kaɗai, rakiya take yi. Raunin ne a gaba. In hoton ƙashi ya nuna tsakiyar ƙashin ƙwauri ne ya karye, S82.2, na ƙanin, in ƙarshen ƙashin hannu ne ta ɓangaren babban yatsa, S52.5. Abin da likita ya rubuta shi za ki bi, in bai fito fili ba ki ɗauki fayil ki same shi.

Wannan zuwa wurin likita shi ne ya fi ba ni wahala a shekarun aikina. Haruffa uku likitoci suke rubutawa, RTA, wato hatsarin kan hanya, su wuce, ba keke, ba babur, ba tirela. Mu kuma sai mu zuba kowa a V89.2, kwandon hatsarin motar da ba a fayyace ba. Da aka hana acaɓa a Kano a 2013, adaidaita sahu ya cika gari, wani likitan ƙashi ya zo ofishina yana so in ƙirga masa waɗanda keke ya karya a shekara guda. Na jawo rajista na buɗe masa, shafi bayan shafi V89.2 ne, kuma da yawan katunan rubutun hannunsa ne a kai. Daga ranar ya fara rubuta irin abin hawa da wurin zaman mara lafiya, har yakan aiko yaro ya tambaye ni ko ya isa.

Ki gyara, ki mayar wa shugabarki, ki nuna mata shafin da kika samo. Ki gaida manomin, ki ce masa ya sa a duba burkin nan kafin ya sake ɗora riɗi.