Kamanci, dokin kara da "wasa farin girki": amsar tambayoyinku na wannan mako

Wani matashi daga Ƙofar Sauri ya rubuto: "Malam, bayan Sallah mun haɗa ƙwallo tsakanin dattawan unguwa da masu tumbi, gola da babbar riga, kofin ma tsohuwar buta ce. Mu dai nobelti muke cewa, mene ne sunansa da Hausa?"

To ɗana, wannan nobelti ɗin dai ku ajiye shi dan Allah, kuma kar ku ce wasan sada zumunta kamar yadda nake ji a rediyo, don sada zumunta wasa ne na gaske, kulob biyu su buga da ƙarfinsu illa dai ba kofi ba maki. Naku kuwa ba cin ne a gabanku ba, dariya kuka je nema, kun ɗauki siffar gasa kun juya ta. Bahaushe yana da kalmarsa tun kafin a kawo ƙwallo ƙasar nan, kamanci. Daga kama ta fito, wato abu ya yi kama da wani amma ba shi ba ne. Ku tuna 'yan kama, su ɗauko waƙar babban makaɗi ko salon karatun malami su bi amonsa tiryan-tiryan amma duk baitin ya koma kan tuwo da miya. Haka wasan gauta, inda matan fada ke naɗa rawani su kwaikwayi sarki da hakimansa, tafiyarsu da maganarsu, sarkin na zaune yana kallo. Haka kalankuwa da kaka, samarin ƙauye su naɗa nasu gwamna da alƙali. Abin da ke damuna shi ne yaro ya taso a Katsina, ya yi tashe tun goma ga azumi da gemun auduga da tsumma cushe a ciki, sannan ya girma ya ce wai babu kalmar a Hausa. Ku ce ƙwallon kamanci, ko ƙwallon raha in kuna son mai sauƙi.

Wata baiwar Allah daga Daura ta ce wasa farin girki, farin nan launi ne? A'a 'yata, fari ne na farko, irin na ɗan fari. Ma'ana yanzu aka fara, ba a ga komai ba tukuna.

Mai tambaya a kan dokin kara, ko zagi ne in an ce wa mutum haka. Asalinsa ba zagi ba ne ko kaɗan. Karan dawa ne yaro zai lanƙwasa kansa ya ɗaura tsumma ya zama linzami ya hau ya yi ta sukuwa da ƙafarsa. Mu nan Katsina garin doki ne, Sarki Dikko ya kafa folo, wato ƙwallon dawaki, Sarki Usman Nagogo da ya yi sarauta daga 1944 zuwa 1981 ya yi suna a kanta har ƙasashen waje, to mu ma muna yara folonmu muke yi a lungu, dokin kara a tsakanin cinya, sanda a hannu, ƙwallon goriba muke bugu, har da mai yin haniniya da baki in an ci. Shi ma kamanci ne. In dai babba aka ce ya hau dokin kara to ana nufin abin da ya dogara da shi ba mai kai shi ko'ina ba ne.

An tambayi ruwa a langa. Ba na sha ba ne, shi ne ɗan wasan da 'yan ɓangarensa ke karewa har ya kai wurin da aka shata, in ya kai sai a ce ya sha.

Wani kuma yana so ya san bambancin barkwanci da ba'a, wai a wajen wani wasan raha da suka yi wani ya yi fushi. Barkwanci da wanda ake yi da mai yi duk dariya suke, kamar namu da Nufawa ko Haɗejawa, ko tsakanin taubasai. Ba'a kuwa mutum ɗaya ake mayarwa abin dariya shi bai shirya ba. Mutane suna fakewa da cewa da wasa ake faɗa wa wawa gaskiya su ci zarafin dattijon da ya faɗi a fili, alhali karin maganar gaskiya ta ce, ba ta ce cin fuska ba.

Ga mai tambayar turmi a dambe, zagaye ne, uku ake yi, in ba kisa sai a raba.