Tambaya da Amsa: Kogin Nilu, Girman Afirka da Kongo Guda Biyu

Assalamu alaikum, masu karatu. Cikin wasiƙun da suka iso wannan karon na zaɓi uku. Biyun farko taswirar bango ce ta haifar da su, kuma a kansu zan fi daɗewa.

Tambaya: Malam, a taswirar ajinmu na ga Kogin Nilu ya taso daga tsakiyar Afirka ya haura sama har Masar. Ta yaya ruwa zai hau sama? Daga wani ɗalibin sakandare a Gusau.

Amsa: Ɗana, ruwan nan bai hau ko'ina ba, gangara yake yi kamar kowane ruwa. Masu zana taswira ne suka saba ajiye arewa a saman takarda, ba wai ta fi kudu tudu ba ne. Tafkin Biktoriya, inda Farin Nilu ke fitowa ta ƙasar Yuganda, yana kan tudun da ya haura mita 1,100 bisa teku. Kafin ruwan ya isa Hartum ya sauko ƙasa da mita 400, daga nan ya ci gaba da gangarawa ta cikin hamada har ya faɗa Bahar Rum. Tsawon kogin gaba ɗaya yana kai kimanin kilomita 6,650.

Ba ma kowa ne ya ajiye arewa a sama ba. Al-Idrisi, malamin nan na Magriba, ya kammala wa Sarki Roger na Biyu na tsibirin Sisili taswirar duniya a 1154, kuma kudu ya ɗora a sama. Da ita aka rataya muku a aji, da ka ga Nilu yana saukowa, tambayar ma ba za ta taso ba.

A Hartum Farin Nilu ke haɗuwa da Shuɗin Nilu, wanda ya taso daga Tafkin Tana a tsaunukan Habasha. Farin ya fi tsawo, amma fiye da kashi 80 cikin ɗari na ruwan da ke isa Masar ruwan daminar Habasha ne. Shi ya sa hankalin Masarawa ya tashi tun da Habasha ta fara gina babbar madatsarta a 2011. Mu ma muna da dangi a bakin wannan kogi. Bayan yaƙin Burmi na 1903, inda Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya ya yi shahada, ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ci gaba da hijira gabas da jama'arsa, har suka zauna a gaɓar Shuɗin Nilu kusa da Sinnar a ƙasar Sudan. Garin yana nan har gobe, da sunan Mai Wurno.

In kana son kogin da ya fi rikitar da mutane, duba namu na gida. Kwara ta taso daga tsaunukan Gini, kilomita 240 kacal daga Tekun Atalantika, amma ta juya wa tekun baya ta nufi hamada. Sai a wajen Tumbutu take karya kwana, ta biyo ta Gao da Yamai, ta haɗu da Binuwai a Lakwaja, ba ta shiga teku ba sai da ta ci kusan kilomita 4,200. Mungo Park a Busa ya halaka a 1806 yana neman ƙarshenta, sai a 1830 Richard Lander da ƙanensa John suka bi ta har bakin teku.

Tambaya: Malam, 'yata ta nuna mini wani tsibiri fari fat a saman taswira, wai shi Girinland, girmansa kamar na Afirka. Gaskiya ne? Daga wata malamar firamare a Maraɗi.

Amsa: Malama, ko kusa. Faɗin Afirka ya ɗan haura murabba'in kilomita miliyan 30, na Girinland kuwa bai cika miliyan biyu da dubu ɗari biyu ba. Afirka ta ninka shi kusan sau 14. Aljeriya kaɗai ta fi shi girma, haka ma Kongo ta Kinshasa. Rasha da kuke gani ta mamaye saman taswira, faɗinta miliyan 17 ne da ɗoriya, wato ta ɗan wuce rabin Afirka ne kawai.

Ga inda gizo ke saƙar. Duniya a dunƙule take, takarda kuwa a shimfiɗe. Ba mai iya baje ƙwarya ta kwanta a ƙasa ba tare da ta tsage ba, don haka duk mai zana taswira dole ya zaɓi abin da zai sadaukar, ko siffar ƙasashe ko girmansu. Gerardus Mercator, wanda ya fitar da tasa a 1569, matuƙa jiragen ruwa ya yi wa aiki. Abin da suke so shi ne su ja miƙaƙƙen layi daga tashar da suka baro zuwa wadda za su, su saita kamfas a kansa su bi ba tare da sun kauce ba. Domin hakan ya yiwu, sai ya riƙa buɗa ƙasa gwargwadon nisanta daga layin Ikwaita, wanda ya raba duniya gida biyu, arewa da kudu. Mu da layin ya ratsa nahiyarmu muka zauna kusan yadda muke, Turai da Kanada da Rasha suka kumbura.

Ba na cikin masu cewa Mercator ya yi haka ne don ya ƙasƙantar da mu. Aikin teku ya yi, kuma ya yi shi da kyau. Abin da ke ci mini rai shi ne a ɗauki kayan aikin matuƙi a rataya wa yaro ɗan shekara tara, ya girma yana ganin nahiyarsa ƙarama alhali ita ce ta biyu a girma bayan Asiya. A 2025 Tarayyar Afirka ta goyi bayan a koma amfani da taswirar da ke nuna girman gaskiya, irin wadda aka fitar a 2018 mai suna Equal Earth. Kafin ta iso makarantunmu, Malama, ki nemi ƙwallon duniya ko da ɗan ƙarami ne ki ajiye a aji. Shi ba ya ƙara wa kowa, ba ya rage wa kowa.

Tambaya: Me ya sa ake da ƙasashe biyu masu suna Kongo? Daga wani dattijo ɗan kasuwa a Kumasi.

Amsa: Baba, Allah ya ƙara muku lafiya. Dukkansu sunan kogin da ya raba su suka ɗauka, shi kuma kogin ya samo shi daga tsohuwar daular Kongo, wadda hedikwatarta Mbanza Kongo ke cikin Angola a yau. Rabuwar aikin Turawa ce. A 1880 Savorgnan de Brazza ya ƙulla yarjejeniya da sarkin Teke, ya kama wa Faransa gaɓar arewa. Ɗaya gaɓar kuma Henry Stanley ya yi wa Sarki Leopold na Biyu na Beljiyam hidima a kanta, kuma a zamanin taron Balin na 1884 zuwa 1885 aka amince masa da ita.

Ku lura, ba Beljiyam aka ba ƙasar ba, shi Leopold aka ba, ta zama mallakinsa shi kaɗai har 1908. A shekarun nan aka tilasta wa mutane tatso roba, ƙauyen da bai cika adadin da aka ɗora masa ba a ƙona shi, a yi garkuwa da mata, a yanke wa mutane hannu. Sai da labarin ya tayar da ƙura a duniya sannan gwamnatin Beljiyam ta karɓe ƙasar daga hannunsa.

Duka biyun a 1960 suka samu 'yanci, ta Beljiyam ranar 30 ga Yuni da Patrice Lumumba a matsayin firaminista, ta Faransa ranar 15 ga Agusta. Shugaba Mobutu ya sauya wa ta Kinshasa suna zuwa Zayar a 1971, aka mayar da tsohon sunan bayan an kore shi a 1997. Kinshasa da Barazabil, manyan biranen ƙasashen biyu, suna kallon juna a gaɓa biyu na kogin, kuma har yanzu babu gada tsakaninsu, jiragen fito ke tsallakar da mutane da kaya.