Mai kifi ya ce in kwanar da niyut ɗina a firiza, wai a Rasha ma daskarewa suke yi

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Shekara huɗu ke nan ina kiwon kifin ado a gidana da ke Aboabo, nan Kumasi. Mako uku da suka wuce na sayi niyut biyu, wato 'yan dabbobin ruwa masu kama da ƙadangare, masu baƙin baya da jan ciki, a wajen wani mai sayar da kifi. Yanzu sun daina cin abinci. Ɗaya ta fita daga ruwa ta manne a jikin gilashi, ɗayar kuma wani farin abu kamar auduga ya fito mata a ƙafa. Ma'aunin zafin ruwan na nuna digiri 29. Mai kifin ya ce dabbobin ƙasar sanyi ne, in zuba musu ƙanƙara ko in sa su a firiza su kwana, wai a Rasha ma daskarewa suke yi su farfaɗo. Yara sun shaƙu da su, ina tsoron su mutu a hannuna.

Amsa: Wa'alaikumus salam ɗan'uwa. Don Allah kada ka kai su firiza. Kafin asuba gawa biyu za ka ciro.

Zafi ne ke cin su, nan mai kifin bai yi ƙarya ba. Irin da ka kwatanta niyut mai jan ciki ce ta ƙasar Sin, kuma ruwan da take walwala a ciki tsakanin digiri 14 ne da 20. Da ya haura 23 ta fara wahala. A 29 jikinta na ƙona ƙarfi da sauri, iskar da ke narke a ruwan kuma ta ragu, alhali da fata take yin wani kaso na numfashinta. Shi ya sa ɗaya ta gudu daga ruwan. Farar audugar nan naman gwari ne da ke kama fatar da ta riga ta raunana.

Sai maganar Rasha, wadda ta zama waƙa a bakin masu sayarwa da masu turo bidiyo a WhatsApp. Akwai gaskiya a cikinta, kuma gaskiyar ce ke kashe dabbobin mutane. Akwai wata dangin niyut da ake kira salamandar Saberiya, a kimiyyance Salamandrella keyserlingii, da ke zaune tun daga wajen tsaunukan Ural har Kamcaka da tsibirin Hokkaido na Japan, har ta ƙetare layin Aktik, iyakar yankin ƙanƙara na can arewacin duniya. Ita kam tana daskarewa ta taurare, ta jure sanyin da ya kai digiri 35 ƙasa da sifili, har ma fiye, in ƙanƙara ta narke ta tashi ta nufi ruwa. Amma yaya take yi? Tun da kaka, sanyi na shigowa a hankali, kwana da kwanaki, hantarta ke juya abincin da ta tara zuwa wani sinadari mai suna giliserol, ya bi jini ya ratsa jiki. Shi ke hana ƙwayoyin halittarta fashewa, sai ƙanƙarar ta tsaya a tsakaninsu maimakon cikinsu. Kuma tana kwance ne a cikin ruɓaɓɓen icce ko ƙarƙashin gansakuka, inda sanyin ke isowa sannu-sannu.

Firizar gida na kai digiri 18 ƙasa da sifili, kuma cikin 'yan sa'o'i take daskarar da abu ƙarami. Dabbar da ta fito daga ruwa mai zafin 29 ba ta da wani shiri a jiki. Taka ma ba irin ta Saberiya ba ce sam. Hatta niyut ɗin da ke Suwidin da Finlan da Norwe ba daskarewa suke yi ba, guje wa ƙanƙarar suke yi: su shige rami, ko gindin bishiya, ko tsagar harsashin gini inda sanyin bai kai ya daskarar ba, su yi likimo har lokacin ya wuce. Jinsi ɗaya aka ga ya yi abin mamaki, sai aka yi wa dangi duka kuɗin goro. Raƙumi na jure ƙishirwa, amma wa ya taɓa hana doki ruwa saboda haka? Mutumin da bai san sunan abin da yake sayarwa ba, bai kuma gaya maka zafin da yake buƙata kafin ya karɓi sidinka ba, shi ne yanzu ya zama likita.

Zuba ƙanƙara tsirara ma ɓarna ce. Ruwan ya faɗi digiri shida ko bakwai nan take, bayan awa biyu ya koma inda yake. Wannan hawa da saukar na ƙara karya dabbar, ga kuma kulorin na ruwan famfon da aka daskarar.

Ga abin yi yau. Sauko da akwatin gilashin da suke ciki ƙasa, a ɗakin da ya fi sanyi, nesa da taga da rufin kwano. Kashe fitilarsa, cire na'urar ɗumama ruwa in akwai. Sauya murfin gilashi da raga mai ƙananan ƙofofi, domin suna hawa bango, sannan ka sa ƙaramar fanka tana busa saman ruwan. Za ta rage digiri biyu ko uku, ƙasa da haka in damina ce da iska ta jiƙe. Daskarar da robobin ruwa huɗu ko shida na rabin lita, a rufe gam, ka riƙa jefa ɗaya kana sauyawa, idonka a kan ma'auni: kada saukar ta wuce digiri ɗaya zuwa biyu a awa. Lulluɓe gefuna uku da farin soson da ke zuwa cikin kwalin firij. Robobin da ke jiran layi ka ajiye su a kula, saboda dumso, wato ɗauke wutar lantarki, ba ya sallama.

Mai farar ƙafar ka ware ta a roba mai murfi da ƙofofin iska, da ruwa kaɗan da kake sauyawa kullum. In ka sauko da zafinta a hankali, za ta iya zama a ƙasan firij, ɗakin kayan miya, inda yake tsakanin 6 da 8, ka auna kafin ka sa. Kada ka ɗiga mata maganin kifi, musamman mai jan ƙarfe a ciki. Fatarta na shan komai. In farin na yaɗuwa bayan kwana uku, sai likitan dabbobi. Ruwan famfo ya kwana biyu a buɗe ko a sa masa maganin kulorin. Abinci sai ruwa ya sauka ƙasa da 22: tana yankakkiya, sau biyu ko uku a mako, daga ƙasar da ba a yi wa feshi ba.

Yara su kalla da ido. Jan cikin nan gargaɗi ne, fatar na da dafi irin na kifin talibambam na teku. Wata 'yar'uwarta ta yammacin Amurka ta taɓa kashe wani mutum a jihar Oregon da ya haɗiye ta. Wanda ya taɓa ya wanke hannu da sabulu kafin ya kai ido ko baki.

Sannan ka yi wa kanka hisabi. Robar ƙanƙara ta kwanaki ce. Watan Fabrairu da Maris na Kumasi sai ɗaki mai na'urar sanyaya iska dare da rana, ko injin sanyaya ruwa. Mun san hadisin matar da ta kulle kyanwa, ba ta ciyar da ita ba, ba ta sake ta ba. In ba za ka iya ba, nemi mai ɗakin sanyi ka ba shi. Sakin su a kwata ko rafin Subin ba mafita ba ne: za su mutu, kuma niyut ɗin Asiya na iya ɗauko cutar fatar da aka gano a 2013 bayan ta kusa ƙarar da wani jinsin salamanda a ƙasar Holan. Ruwan da ka kwashe ma ka zuba masa bilic ya jima kafin ka zubar.