Fim ɗin farko babu biya: in karɓa ko in haƙura?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Na daɗe ina wasan daɓe. Yanzu wani matashin darakta da ke shirya fim da kuɗin aljihunsa ya ba ni fitowa uku, amma ya ce babu biya sai fim ya yi ciniki. In karɓa?

Amsa: Wa alaikumus salam, ƙanwata. Ki karɓa, amma ki cire rai da kuɗin nan. Fim ɗin da babu babban kamfani a bayansa, duk abin da ya shigo, mai rarrabawa da masu zuba jari ke fara ɗiba, kafin a iso kan 'yan wasa tukunya ta bushe.

Ladanki na gaskiya shi ne hoton wasanki. Ku rubuta a takarda ku sa hannu: kwana nawa za ki yi, wa zai ɗauki nauyin zirga-zirgarki, yadda za a rubuta sunanki, da kuma cewa za a ba ki fitowarki da zarar an gama haɗa fim, ko ya fita ko bai fita ba. Wannan na ƙarshen nake jaddadawa, domin abin yana min ciwo in ga ɗan wasa ya sha wahalar lokeshan, fim ya maƙale a kwamfutar edita, ba shi da abin nunawa. Da waɗannan guntayen za ki haɗa bidiyon minti 1 zuwa 2, shi ne zai riƙa yi miki sallama a gaban daraktocin da ba su san ki ba.

Sai ki sani kyamara ba daɓe ba ce. A daɓe kina ɗaga murya don na layin baya ya ji. Idan kyamara ta matso fuskarki, ƙiftawar ido ma magana ce. Ba a bin labari a jere, ana iya ɗaukar kukan rabuwa da safe, haɗuwar farko da yamma. In kofi yana hannunki na dama a ɗaukar farko, ya zauna a nan har a gama, in ba haka ba edita zai yanke ki ya sa fuskar abokin wasanki. Ƙaramin fim kuma ba shi da lokacin maimaici, sau biyu ko uku an wuce. Don haka ki haddace layukanki tun a gida, ki yi wa kanki tambayar da Stanislavski, wanda da shi aka kafa gidan wasan fasaha na Mosko a 1898, ya koya wa ɗalibansa: me wadda nake fitowa a matsayinta take so a wannan fitowar?

Kada kuma ki raina gajerun finafinai. Bikin Sundance na Amurka yana nuna su, gasar Cannes ta Faransa ma tana da rukuninsu, waɗanda ba su wuce minti 15 ba.

Duk wanda ya nemi kuɗi kafin ya tantance ki, ko ya ce ki same shi ke kaɗai a ɗaki, kada ki je. Shi ma wannan daraktan, ki nemi wanda ya taɓa aiki da shi ki ji ta bakinsa kafin ki sa hannu.