Hukuncin ɗaukar hoton tsiraici da sunan fasaha

Tambaya: Malam, ni mai hoto ne a wani ƙauye kusa da Birnin Kudu, biki da suna nake ɗauka. Ina ƙaro ilimin sana'ar a intanet, sai na iso darasin da Turawa ke ɗaukar mutum tsirara a kan dutse ko bakin rafi, babu kwalliya. Suna cewa ba batsa ba ce, kyawun halitta ne, kuma da yardar mai jikin. Ya halatta in ɗauka, ko in kalla don koyon haske da inuwa?

Amsa: Bismillahir Rahmanir Rahim. Ɗana, Allah ya yi maka albarka da ka tambaya kafin ka aikata. Ɗauka haramun ne, kallon da gangan ma haramun ne.

Allah ya umarci muminai maza da mata su runtse idanunsu a Suratun Nur, aya ta 30 da 31. Muslim ya ruwaito cewa Annabi (SAW) ya hana namiji kallon al'aurar namiji, mace ma ta mace, balle a tsakanin jinsi biyu. A mazhabarmu ta Malikiyya al'aurar namiji daga cibiya ce zuwa gwiwa, mace kuwa a gaban ajnabi duk jikinta ne ban da fuska da tafuka. Shari'a ba ta rataya hukuncin a kan ko sha'awarka ta motsa ba, domin babu mai lamunce wa zuciyarsa, balle zuciyar wanda hoton zai faɗa wayarsa gobe.

Maganarsu ta cewa tsiraici shi ne asalin halitta, a nan nake so ka tsaya. Buɗe Suratul A'araf. Da al'aurar Annabi Adamu da Hauwa'u ta bayyana, nan take suka shiga lulluɓa ganyen Aljanna, alhali babu wani ɗan Adam da ke ganinsu. Ke nan suturta jiki ita ce ɗabi'ar da aka halicce mu a kai. Aya ta 27 kuma ta jingina tuɓe musu tufafi ga Shaiɗan. Larabawan jahiliyya sun yi ɗawafi tsirara suna ganin ibada ce, sai aka yi shela a hajjin shekara ta 9 bayan hijira cewa kada wani ya sake kewaya Ka'aba tsirara. Abin da sunan ibada bai halatta shi ba, ina sunan fasaha?

Yardar mai jikin ba ta canza komai, don sutura haƙƙin Allah ce. Lalura kaɗai aka togace, kamar likita mai duba mara lafiya, shi ma gwargwadon buƙata. Koyon haske da inuwa ba lalura ba ne, kuɗin da aka samu ta wannan hanya kuma ba halal ba ne.

Kada ka ɗauka ina raina sana'arka. Malamai sun yi saɓani kan hoton kyamara, ni ina tare da masu halatta shi idan abin da aka ɗauka halal ne, kuma ya tabbata cewa Allah mai kyau ne, yana son kyau. Ka tsallake wancan darasi. Ka fita da hantsi ka ga yadda rana ke sauka a kan duwatsun Birnin Kudu, ka ɗauki hannun tsoho mai riƙe da fartanya, da zangarniyar gero lokacin kaka, da tsuntsayen dausayin Baturiya da ke jihar Jigawa. Idan akwai irin waɗancan hotuna a wayarka, ka goge su yau, ka yi istigfari.

Wallahu a'alam.