Dattijan mata a Kannywood: an samu sauyi?

'Yar'uwa, kin tambaya ko har yanzu dattijuwa a fim ɗin Hausa ba ta wuce uwa mai kuka ko muguwar suruka ba. An samu sauyi, amma kaɗan ne.

A da, labarin kusan duk na soyayya ne da waƙa, tsohuwa ta fito sau biyu, ta yi nasiha ko ta hana aure, shi ke nan. Finafinai masu dogon zango na Arewa24 da YouTube ne suka buɗe ƙofa, domin labarin gida mai tsawo ba ya tafiya sai da iyaye da kakanni. Ki duba Hajara Usman da Hadizan Saima, ko marigayiya Saratu Giɗaɗo, Daso, wadda ta rasu a 2024. Ita kam, Allah ya jiƙanta, mutane kan kalli fim saboda ita.

Inda abin ke min ciwo shi ne kuɗi. A 2022 Ladin Cima ta shaida wa BBC Hausa cewa wani lokaci dubu biyu ko dubu biyar ake sallamarta, bayan shekaru aru-aru tana sana'ar. Wasu furodusoshi sun musanta, an yi ta cece-kuce. Ni dai ina jiran marubucin da zai gina labari kacokan a kan mace mai shekara sittin, a biya ta kuɗin jaruma.